Bokaciyo da Littafinsa Dekameron a Idon Manazarta: Matani, Tushe da Zubi

1.0 Gabatarwa

A tarihin ƙagaggun labarai na ƙasashen Turai, da wuya a sami littafin da ya sha hannun masana kamar Dekameron, wato tarin labarai 100 da wani marubucin Italiya mai suna Giovanni Boccaccio (1313-1375) ya wallafa a tsakiyar ƙarni na 14. A wannan maƙala za a riƙa rubuta sunansa Bokaciyo, bisa yadda ake furta shi. Yau fiye da shekara 600 ke nan ana juyar wannan littafi da hannu, ana buga shi, ana tace shi, ana fassara shi, ana kuma ja-in-ja a kan abin da yake nufi. Masana nahawu sun ɗauke shi ma'aunin ingantaccen Italiyanci, hukumomin coci sun taɓa haramta karanta shi, masu bin salsalar tatsuniyoyi kuwa sun bi sawun labaransa har ƙasar Indiya.

Idan aka dubi ayyukan da aka gudanar a kansa, za a ga cewa kusan dukkansu suna kewaya tambayoyi uku ne. Ta farko ita ce, a cikin kwafe-kwafen da ake da su, wanne ne ainihin abin da Bokaciyo ya rubuta? Ta biyu, daga ina ya samo labaran? Ta uku kuma, mene ne ya ɗaure labarai 100 suka zama littafi guda mai manufa? Manufar wannan maƙala ita ce ta bayyana yadda manazarta suka tunkari waɗannan tambayoyi, ta kuma nuna cewa duk lokacin da aka ciro labaran ɗaya-ɗaya aka raba su da babban labarin da ya goya su, ma'anarsu takan sauya. Wannan babban labari shi za a riƙa kira uwar labari. Batun ya shafi manazarta adabin harsunan Nijeriya, domin irin wannan zubi ne aka gina Magana Jari Ce a kansa.

2.0 Marubucin da Zamaninsa

An haifi Bokaciyo a shekarar 1313 a yankin Tuskani. Mahaifinsa ɗan kasuwa ne mutumin garin Certaldo, wanda ya yi aiki da kamfanin Bardi, ɗaya daga cikin manyan gidajen hada-hadar kuɗi na birnin Fulorans. Wajen shekarar 1327 mahaifin ya tafi da shi Nafoli, inda aka sa shi koyon kasuwanci, daga baya kuma aka mayar da shi karatun dokokin coci. Babu wanda ya kwanta masa a rai cikin biyun, sai dai zaman ya amfane shi ta fuska biyu. A kasuwa ya san halin fatake da masu jiragen ruwa da 'yan damfara, a fadar Sarki Robert na Nafoli kuwa ya sami masana da ɗakin karatu. Ya koma Fulorans wajen 1340, a daidai lokacin da gidajen kuɗin birnin suka fara tangal-tangal.

A shekarar 1348 annobar nan da ta ci Turai ta shiga Fulorans. Bokaciyo ya ce tsakanin watan Maris da Yuli mutum fiye da 100,000 suka mutu a birnin, amma masana tarihi suna ganin akwai zuzutawa a ciki, saboda adadin ya yi kusa da yawan mutanen birnin baki ɗaya. Bayan wannan masifa ne ya tsara Dekameron, tsakanin wajen 1349 da 1353. A 1350 ya sadu da mawaƙin nan Francesco Petrarca, abotarsu ta ɗore har mutuwa, kuma daga nan ya fi mayar da hankali ga rubutu da harshen Latin, kamar littafinsa na salsalar allolin mutanen dā da kuma na tarihin shahararrun mata 106. A 1373 hukumar Fulorans ta ɗora masa karanta waƙar Dante da yi mata sharhi a bainar jama'a, rashin lafiya ya hana shi kammalawa. Ya rasu a Certaldo ranar 21 ga Disamba, 1375.

3.0 Zubi da Tsarin Littafin

Sunan Dekameron daga Girkanci aka ƙera shi, ma'anarsa kwana goma. Littafin ya buɗe da 'yar gabatarwa inda marubucin ya ce ya yi aikin ne domin ɗebe wa mata kewa, musamman waɗanda so ya kama alhali suna tsare a ɗakunansu. Daga nan ya kawo bayanin annoba: yadda ɗan'uwa ya guji ɗan'uwa, iyaye suka guji 'ya'yansu, doka ta faɗi, aka riƙa zuba gawawwaki a rami ɗaya. Ana cikin haka sai 'yan mata bakwai da samari uku suka haɗu a cocin Santa Maria Novella, suka yanke shawarar ficewa zuwa wani gida a bayan gari.

A can ne babbarsu, Pampinea, ta kawo tsarin zama. Kowace rana za a naɗa ɗayansu sarki ko sarauniya, shi zai tsara abinci da hutu, ya kuma zaɓi jigon labaran da za a bayar, kowa ya kawo guda. Sun yi mako biyu, amma ba sa ba da labari ran Juma'a da Asabar, shi ya sa kwanakin labari suka zama goma, labarai suka zama 100. Rana ta farko da ta tara an bar kowa ya zaɓi abin da yake so. Sauran ranakun sun ƙunshi jigogi kamar juyin ƙaddara, cim ma buri ta hanyar dabara, soyayyar da ta ƙare da baƙin ciki, wadda ta ƙare da farin ciki, iya mayar da magana, makircin mata ga mazajensu, makircin mutane ga junansu, sai rana ta goma da aka keɓe wa karamci. Mutum ɗaya, Dioneo, ya nemi alfarmar ya riƙa zama na ƙarshe, kuma kada a tilasta masa bin jigo. Kowace rana takan rufe da waƙa.

A nan za a lura cewa murya hawa uku ce a littafin. Akwai ta marubucin, wanda yake fitowa a farko da farkon rana ta huɗu da kuma ƙarshe yana kare kansa daga masu suka. Akwai ta matasa goma masu ba da labari suna kuma yi wa juna sharhi. Sannan akwai ta mutanen da ke cikin labaran, waɗanda su ma sukan ba da nasu labarin. Wannan hawa-hawan murya shi ne abin da manazarta suka daɗe ba su ba shi haƙƙinsa ba.

4.0 Matsalar Matani

4.1 Ɗaukaka da Tacewa

An fara buga Dekameron a maɗaba'a wajen 1470. A 1525 Pietro Bembo ya fitar da littafinsa a kan harshen Italiyanci, inda ya kafa cewa duk mai son rubuta waƙa ya yi koyi da Petrarca, mai son rubuta zube kuma ya yi koyi da Bokaciyo. Wannan hukunci ya yi tasiri ƙwarai, har ƙungiyar masana harshe ta Crusca, wadda aka kafa a Fulorans a 1583, ta dogara da littafin wajen tsara ƙamusunta na 1612. Ke nan karin harshen gari guda, ta hanyar littafin labarai, ya zama ginshiƙin daidaitaccen zube na ƙasa.

Sai dai littafin cike yake da labaran malaman coci masu kwaɗayi da lalata da yaudarar talakawa. A lokacin da cocin Katolika yake fama da 'yan Furotesta, irin wannan suka ta zama abin tsoro, saboda haka a 1559 aka sa shi a jerin haramtattun littattafai. A 1564 aka yi sassauci cewa za a iya karanta shi idan an gyara. Mutanen Fulorans suka shiga tsaka mai wuya: ba za su iya rabuwa da ma'aunin harshensu ba, ba kuma za su iya saɓa wa Fafaroma ba. Mafitar da aka samu ita ce tacewa. Wani kwamiti da Vincenzo Borghini ya jagoranta ya fitar da tatacce a 1573, inda aka mayar da malaman coci mutanen gari. Hukuma ba ta gamsu ba, sai Lionardo Salviati ya sake wani a 1582, ya kwashe wasu labaran ya kai su ƙasashe da zamunan da ba na Kirista ba, ya sauya ƙarshen wasu, ya kuma cika gefen shafi da gargaɗi. Abin mamaki shi ne waɗannan mutane ƙwararru ne wajen tantance kalma. Sun yi ta kwatanta tsofaffin kwafe domin kada harafi ya kuskure, alhali da hannunsu suke rushe ma'anar labarin. Wato sun tsare harshen, sun sallama littafin.

4.2 Kundin Balin

Ƙarnoni da dama masana sun dogara ga wani kwafi da Francesco Mannelli ya juya a 1384, wanda ke ajiye a Fulorans, har suka yi masa laƙabi da mafi inganci. Akwai kuma wani kundi na fata da ya taɓa zama a taskar gidan sarautar Hamilton a Birtaniya, kafin gwamnatin Furushiya ta saye taskar a 1882, ya koma ɗakin karatu na Balin da lamba Hamilton 90. A 1933 Michele Barbi ya duba shi ya ce rubutun hannun Bokaciyo ne, amma maganar ba ta zauna ba sai a 1962, lokacin da Vittore Branca da Pier Giorgio Ricci suka kwatanta shi da sauran rubuce-rubucen da aka tabbatar nasa ne, suka kafa hujja. Charles Singleton ya buga kundin yadda yake a 1974, Branca kuma ya fitar da tantataccen matani a 1976.

Wannan bincike ya warware abubuwa da dama. Na farko, an daɗe ana cewa Bokaciyo ya yi nadamar littafin da ya tsufa, ana kafa hujja da wata wasiƙa da ya aika wa abokinsa Mainardo Cavalcanti yana ba shi shawarar kada ya bar matan gidansa su karanta labaransa. To amma siffar rubutun ta nuna wajen 1370 ya juyi kundin, wato yana dab da shekara 60 ya zauna ya sake rubuta littafin tun daga farko har ƙarshe. Mutum ba ya yi wa abin da ya yasar irin wannan wahala. Na biyu, ya yi shi a manyan shafuka masu layi biyu, irin yadda ake yi wa littattafan ilimi na jami'a, abin da ke nuna matsayin da yake so a ba shi. Na uku, ya yi amfani da manyan baƙaƙe masu girma daban-daban domin ya rarrabe farkon rana da sharhin mai ba da labari da kuma shi labarin kansa. Ke nan shi da kansa ya nuna wa mai karatu cewa hawa-hawan muryar nan ɓangare ne na aikin.

Hausawa sukan ce waƙa a bakin mai ita ta fi daɗi, sai dai mai ita ma yakan yi tuntuɓen harshe. Kundin Balin ya rasa sassa uku, kuma a cikinsa akwai kurakuran da Bokaciyo ya yi a matsayinsa na mai juyi, kamar tsallake kalma ko maimaita ta. Haka kuma akwai wani kwafi a birnin Paris, na hannun Giovanni Capponi, wanda masana suke ganin yana ɗauke da zubin farko na littafin kafin marubucin ya yi masa gyare-gyare. Saboda haka matanin da Maurizio Fiorilla ya fitar a 2013 ya kwatanta kundayen uku ne, ya gyara na Balin a wuraren da sauran biyun suka nuna alƙalami ya zame.

5.0 Matsalar Tushe

Tun a 1742 Domenico Maria Manni ya shiga tsofaffin takardun Fulorans yana neman tabbatar da cewa mutanen cikin labaran sun taɓa rayuwa, kuma lalle an sami da yawa daga cikinsu, kamar mai zane Giotto da mawaƙi Guido Cavalcanti. A ƙarni na 19 sai hankali ya koma ga kwatanta labarai. Theodor Benfey, a aikinsa na 1859 a kan Panchatantra, ya yi ra'ayin cewa yawancin tatsuniyoyin Turai daga Indiya suka taso, suka ratso ta Farisa da ƙasashen Larabawa. A cikin wannan yanayi Marcus Landau ya fitar da littafi a kan tushen Dekameron a 1869, A. C. Lee kuma ya tara makamantan kowane labari a 1909. Joseph Bédier ya ƙalubalanci ra'ayin Benfey a 1893, yana mai cewa kamannin labari biyu ba ya tabbatar da cewa ɗaya ya haifi ɗaya.

Abin da aka tabbatar shi ne Bokaciyo ya ɗebo daga rijiyoyi da yawa. Labarai biyu ya ɗauko su daga marubucin Latin Apuleius. Wasu sun yi daidai da na Disciplina Clericalis, tarin hikayoyin da Petrus Alfonsi ya tsara a ƙarni na 12 daga hikimomin Larabawa da Yahudawan Andalus. Wasu daga gajerun labaran ban dariya na Faransa suke, wasu daga wani tarin Italiyanci da ya riga shi mai suna Novellino, wasu kuma daga hirar kasuwa. Hatta bayanin annoba, wanda ake ɗauka shaidar gani da ido ce tsantsa, an gano ya jingina da bayanin wata annoba da Paulus Diaconus ya rubuta a ƙarni na 8.

Amfanin wannan bincike yana fitowa ne idan aka tambayi abin da marubucin ya yi da abin da ya aro. Misali shi ne labari na uku a rana ta farko. Sarki Salahuddini ya bukaci kuɗi, sai ya kira wani attajiri Bayahude na Iskandariyya mai suna Melchisedech, ya ɗana masa tarko da tambayar wanne ne addinin gaskiya tsakanin Yahudanci da Kiristanci da Musulunci. Attajirin ya gane duk amsar da ya bayar za ta zama hujjar ƙwace dukiyarsa, sai ya kawo labarin wani uba mai zobe ɗaya na gado da 'ya'ya uku da yake so daidai, wanda ya sa aka ƙera wasu zobba biyu masu kama da na asali, ya ba kowane ɗa guda a ɓoye. Sarkin ya yaba da hikimarsa, ya faɗa masa gaskiyar bukatarsa, suka zama aminai. A wasu tsofaffin kwafen wa'azin Kirista, zoben gaskiya yakan bayyana ta hanyar warkar da marasa lafiya. A Novellino uban ya san na gaskiyar. A wurin Bokaciyo kuwa, shi kansa uban da ƙyar yake iya bambancewa. Bugu da ƙari, Filomena, wadda ta ba da labarin, ta gabatar da shi ne a matsayin misalin yadda hankali yake fitar da mutum daga haɗari. Da marubucin Jamus Lessing ya ɗauke shi ya sa a wasan kwaikwayonsa na 1779, sai ya zama darasi a kan zaman lafiya tsakanin addinai. Ƙashin labarin ɗaya ne, amma kowane mai ba da shi da inda ya fuskantar da shi.

6.0 Matsalar Manufa

6.1 De Sanctis da Branca

Francesco De Sanctis, a tarihin adabin Italiya da ya wallafa a 1870-1871, ya ɗauki Dekameron a matsayin kishiyar waƙar Dante. A ganinsa Dante ya dubi lahira, Bokaciyo ya dubi duniya yana dariya, kuma da shi ne tsakiyar zamanin Turai ya ƙare. Wannan ra'ayi ya yi kusan shekara 80 yana mulki. Erich Auerbach ma, a 1946, ya yaba yadda Bokaciyo ya ɗaga labarin kasuwa ya ba shi jimla mai tsari irin ta Latin, amma yana ganin ba shi da zurfin Dante idan aka zo ga al'amura masu nauyi.

Branca ya juya wannan fahimta a littafinsa na 1956. Ya nuna cewa tunanin Bokaciyo da salon jimlarsa da kayan aikinsa duk na tsakiyar zamani ne. Ya kira littafin waƙar jaruntakar fatake, domin taurarinsa 'yan kasuwa ne da ke yawo daga Bruges zuwa Tunis da Iskandariyya, kuma ya lura cewa da yawa daga cikin tsofaffin kwafen a gidajen 'yan kasuwa aka juye su. Mafi muhimmanci, ya ce littafin tafiya ce mai hawa. Ya fara da Ciappelletto, fajirin da ya yi ƙaryar tuba a gadon mutuwa har aka ɗauke shi waliyyi, ya ratsa ikon ƙaddara da so da dabara, ya ƙare da Griselda, macen da haƙurinta ya wuce misali. A 1963 Branca ya kafa mujallar Studi sul Boccaccio domin wannan fage.

6.2 Nazarin Gini

A wani ɓangaren kuma, masu nazarin ginin labari sun mayar da littafin wurin gwaji. Tun a 1871 Paul Heyse ya ɗauki labarin Federigo, wanda ya yanka shahonsa, abin da ya rage masa a duniya, domin ya karrama macen da yake so, alhali ita shahon ta zo roƙo saboda ɗanta marar lafiya. Heyse ya ce kowane gajeren labari nagari yana bukatar abu guda irin wannan shaho da zai bambanta shi da saura. A 1969 Tzvetan Todorov ya fitar da abin da ya kira nahawun Dekameron, inda ya ɗauki kowane tauraro kamar suna, halinsa kamar sifa, abin da ya yi kamar aikatau, ya ce manyan ayyukan uku ne: sauya hali, keta doka, da hukuntawa. A wannan littafi ne aka raɗa wa ilimin nazarin ginin labari sunan da ake kiransa da shi a harsunan Turai. Rauninsa shi ne ya yi aiki da taƙaitattun labarai, ya ajiye mai ba da labari da masu sauraro a gefe.

6.3 Komawa ga Uwar Labari

Labarin Griselda shi ya fi nuna illar wannan ajiyewa. Wani basarake, Gualtieri na Saluzzo, ya auri 'yar talaka, sannan ya shiga gwada ta. Ya ƙwace 'ya'yanta biyu ya sa ta zaci an kashe su, ya kore ta, ya kuma dawo da ita ta shirya bikin amaryarsa, wadda a ƙarshe ta bayyana 'yarta ce. Duk ba ta ce uffan ba. A 1373 Petrarca ya ciro labarin shi kaɗai ya fassara shi zuwa Latin, ya ce misali ne na yadda bawa ya kamata ya jure jarrabawar Ubangiji. Ta wannan fassara ce labarin ya bazu a Turai har ya isa ga Chaucer a Ingila. Amma a cikin Dekameron, wanda ya ba da labarin shi ne Dioneo, sarkin shaƙiyanci, kuma tun kafin ya fara ya kira abin da basaraken ya yi hauka da dabbanci, da ya gama kuma ya rufe da ba'a. Matan da ke sauraro suka rabu biyu suna gardama. Saboda haka manazarta irin su Millicent Marcus (1979) da Giuseppe Mazzotta (1986) suka yi shakkar cewa littafin hawa ne miƙaƙƙe zuwa ga nagarta kamar yadda Branca ya ce, Marilyn Migiel (2003) kuma ta bi yadda maza da matan cikin goman suke amfani da labari wajen mayar wa juna martani.

Akwai wata shaida a tsakiyar littafin. Labari na 51, wanda ya buɗe rabi na biyu, a kan ba da labari yake. Wani jarumi ya yi wa wata baiwar Allah mai suna Oretta alkawarin zai rage mata nisan hanya da labari kamar ya ɗora ta a doki. Labarin mai kyau ne, amma ya yi ta maimaita kalma, yana rikita sunaye, yana komawa baya, har ta gaji ta roƙe shi ya sauke ta domin dokin nasa ya cika sassarfa. Abin da Bokaciyo yake nunawa a nan shi ne kyan labari yana ga bakin mai ba da shi da kuma dacewarsa da wuri da masu sauraro.

7.0 Dangantaka da Adabin Hausa

Zubin uwar labari ba baƙo ba ne ga mai karatun Hausa. A Dare Dubu da Ɗaya, Shaharzad tana ba da labari ne domin ta tsira da ranta. A littafi na farko na Magana Jari Ce (1937-1939), aku yana ba da labari ne domin ya hana Musa ɗan sarki fita ya faɗa tarkon waziri, zubin da ya yi kama da na labaran aku na Indiya da Farisa. A duka biyun, na ƙasa ne yake jinkirta wani mugun abu ta hanyar riƙe kunnen na sama. A Dekameron kuwa mutum goma ne masu matsayi ɗaya, mulki yana zagayawa a tsakaninsu, kuma abin da suke yi shi ne sake gina ladabi da doka a lokacin da annoba ta rusa su a cikin birni.

Manazarta sun nuna cewa Abubakar Imam ya ɗebo labaransa daga wurare da dama, har da Dare Dubu da Ɗaya da tatsuniyoyin Grimm da kuma shi Dekameron. Wani lokaci akan ambaci wannan kamar abin rage masa daraja. Tarihin nazarin Bokaciyo ya nuna cewa jera tushe matakin farko ne kawai, domin shi ma Bokaciyo kaɗan ne daga cikin labaransa ba a sami makamancinsu a wani wuri ba. Tambayoyin da suka fi amfani su ne: me aka cire, me aka ƙara, a bakin wa aka sa labarin, wa yake sauraro, kuma wane aiki yake yi a inda aka ajiye shi? Haka nan darasin kundin Balin ya shafi masu tace rubuce-rubucen ajami, inda waƙa guda takan zo da kwafe da yawa masu saɓani, kuma kwafin da ya fi shahara ba lalle ne ya fi kusa da na mawallafi ba.

8.0 Kammalawa

An ga yadda nazarin Dekameron ya bi matakai: masu nahawu da masu tacewa na ƙarni na 16 sun riƙe kalmominsa sun sauya labaransa, masu bin salsala na ƙarni na 19 sun rarraba shi zuwa tushe-tushe, masu nazarin gini sun taƙaita shi zuwa ƙa'idoji. Kowane rukuni ya bar abin amfani. Amma tabbatar da kundin Balin a 1962 da kuma ayyukan da suka biyo baya sun dawo da hankali ga littafin a dunƙule, yadda mai shi ya tsara shi a shafi, da masu ba da labarinsa goma da gardandaminsu. Har yanzu ba a daidaita a kan ko ƙarshensa yabon haƙuri ne ko sukar zalunci ba, kuma da alama marubucin da gangan ya bar hukuncin a hannun mai karatu. Aikin da ke jiran manazarta adabin Hausa shi ne su ɗauki labaran da Imam ya aro daga wannan littafi, su ajiye su kusa da na Italiyancin, su bi su jimla-jimla, domin a ga abin da alƙalaminsa ya yi da su.